Fim ɗin da babu mutum, babu magana, sai ruwa da haske: shi ma fim ne?

Dan_Marusa:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. Akwai abin da ya tsaya mini a rai tun makon jiya, na ce bari in kawo shi nan. A gidanmu da ke Ƙofar Marusa a Katsina akwai wani bahon ƙarfe da Inna ke tara ruwa a ciki, a bakin madafi. Da hantsi, idan rana ta sauka a kan ruwan, sai wani haske ya tashi ya hau bango har ƙarƙashin rumfa, yana rawa kamar raga, ya tsinke ya sake haɗuwa. Tun ina yaro nake ganinsa. A daminar bana na fara ɗaukarsa da waya, kullum kaɗan. Daga baya na ƙara da ruwan indararo, da ɗigon da ke faɗawa cikin kududdufin bayan layinmu, da fitilun Keke Napep a kan kwalta idan an ɗauke ruwa da daddare. Na haɗa duka ya zama minti 5 da 'yan sakanni. Babu fuskar kowa, babu magana, babu waƙa. A wurare da yawa ma ba za ka gane ruwa ne ba, haske kawai za ka ga yana motsi.

Na nuna wa abokaina a majalisa. Da ya ƙare ɗaya daga cikinsu ya tambaye ni ina labarin. Wani ya ce wannan gwajin kyamara ne, in je in nemo 'yan wasa. Wallahi abin ya taɓa ni, don na fi wata biyu a kansa. Shi ne nake tambaya: abin da babu mutum kuma babu labari, za a iya kiransa fim? Ko dai lokacina na ɓata?

Abba_KofarKaura:
Wa'alaikumus salam. Gaskiya ɗaya ce ɗan'uwa, ni ina tare da abokanka. Fim labari ne. Bahaushe tun daga tatsuniya ya saba da a ce masa ga Gizo ga Ƙoƙi, ga abin da ya faru, ga yadda ta ƙare. Ka zaunar da mutum minti biyar yana kallon baho, me zai tashi da shi? Ba raina aikinka nake yi ba, amma ka kira shi hoton bidiyo mai kyau, kada ka kira shi fim.

Mai_Kyamara_KT:
@Abba_KofarKaura, a nan kam ban yarda da kai ba, kuma ba ra'ayina kaɗai ba ne, abu ne mai tarihi. Irin wannan aikin ya kusa shekara ɗari ana yin sa. A 1929 wani Ba'amurke mai ɗaukar hoto, Ralph Steiner, ya yi gajeren fim mai suna H2O, bai kai kwata na awa ba. Ya fara da ruwan da kowa ya sani, na famfo da na bututu da mai gangarowa, sannu a hankali yana matsawa kusa, har ya kai inda ba ka ganin komai sai layukan baƙi da fari suna lanƙwasa a fuskar ruwa. A 2005 Amurka ta saka shi cikin jerin finafinan da take adanawa a matsayin kayan tarihin ƙasa. A wannan shekarar dai ta 1929, a Amstadam ta ƙasar Holan, Joris Ivens da Mannus Franken suka fitar da Regen, wato ruwan sama. Watanni suka yi suna bin ruwa duk sanda ya sauko, sannan suka haɗa shi kamar ruwan rana ɗaya ne: hadari ya haɗu, ɗigo ya fara, ya tsuge, ya ɗauke, tituna suna sheƙi.

Don haka Dan_Marusa, ba kai ka fara ba, kuma ba ka ɓata lokaci ba. Abin da ya burge ni shi ne ka isa wurin da suka isa ba tare da ka san da su ba.

Abba_KofarKaura:
To ai ka ga na biyun yana da labari. Hadari ya haɗu, an yi ruwa, an ɗauke. Farko, tsakiya, ƙarshe. Maganata ta fito ke nan.

Mai_Kyamara_KT:
Na yarda Regen yana da tsari, kuma akwai mutane da lema a ciki. Amma tsari daban, labari daban. Kiɗan kalangu yana da farko da ƙarshe, yana hawa yana sauka, amma ba ya ba ka labarin wane ya auri wance.

Hajjo_Daura:
Ni ba 'yar fim ba ce, ɗinki nake yi, amma bari in sa baki. Ƙanena Dan_Marusa, abin da ka bayyana na bahon Inna ya mayar da ni ɗakin kakata a nan Daura. Tana da randa a gindin taga, idan aka buɗe faifan da ke rufe da ita da safe, sai hasken ya hau rufin azara yana lilo. Mu yara mukan kwanta a tabarma muna kallo, wani ya tsoma yatsa a ruwan don ya wargaje, mu jira ya dawo. Ba wanda ya ce mana ina labarin. Girma ne ya sa muka daina ɗaga kai. Kuma masu cewa Bahaushe bai san abin da babu labari ba, su dubi aikin hula da na wuyan babbar riga, su dubi zanen da magina ke yi a fuskar soro. Wane labari ne a cikin dagi? Amma mutum zai tsaya ya ƙura masa ido har ya ce kai, wannan hannu ya iya.

Dan_Marusa:
Na gode Yaya Hajjo. Wallahi wannan tsoma yatsan ma na yi shi a ciki, wajen minti na biyu.

MalamFizis:
Tunda abin ya shigo fagena, bari in yi ɗan bayani, ko zai amfani masu son gwadawa. Ni malamin kimiyya ne a wata sakandare a cikin garin nan.

Ragar hasken da kuke magana a kai, asalinta shi ne fuskar ruwa ba ta taɓa zama shimfiɗe sarai. Kowane ɗan tudu da kwari da iska ko motsi ya yi a kanta yana aiki kamar madubi mai lanƙwasa: wani wuri ya tattara hasken ya zama layi mai ƙarfi, wani wuri ya watsa shi ya bar duhu. Da ruwan ya motsa sai layukan su motsa. Wanda ke hawa bango hasken da ya dawo ne daga fuskar ruwan. Wanda kuke gani a gindin baho kuwa hasken da ya shiga ciki ne ya karye, domin haske yana rage gudu a cikin ruwa, gudunsa a iska ya ninka na cikin ruwa sau 1.33.

Ga abin da zai fi yi wa mai ɗauka amfani. Idan rana tana tsaka, haskenta na sauka a miƙe, kusan kashi 2 cikin 100 ne kawai ke dawowa daga fuskar ruwa, sauran ya shige ciki. Idan ta yi ƙasa, haskenta na zuwa a karkace, abin da ke dawowa yana ƙaruwa sosai. Shi ya sa kududdufi ke zama kamar madubi da sassafe da kuma la'asar sakaliya, amma da azahar sai ka ga laka da leda kawai.

Kuma kada mu ɗauka ilimin nan baƙo ne a wurinmu. Ibnul Haisam, haifaffen Basra da ya zauna a Alƙahira, ya rubuta Kitabul Manazir shekara dubu da suka wuce, ya yi bayanin dawowar haske da karyewarsa, ya kuma tabbatar da cewa haske ne ke shigowa ido, ba ido ne ke fitar da haske ba. Har gwajin ɗaki mai duhu da ƙaramar huda ya yi, wanda shi ne tushen kyamarar da ke hannunku.

Ummu_Sadiq:
Malam Allah ya ƙara ilimi. Amma ni wani abu ne ya tsaya mini. A unguwarmu sai mu yi kwanaki famfo bai kawo ko ɗigo ba, kullum muna jiran 'yan ga-ruwa, kuɗin jarka sai hawa yake yi. Idan mutum yana da kyamara kuma zai ɗauki ruwa a Katsina, ashe ba wannan ya kamata ya ɗauka ba? Layin mata da yara a bakin burtsatse tun asuba. Ni a wurina ruwa ba abin ado ba ne, abin nema ne. Ka yi haƙuri Dan_Marusa, ba da mugun nufi na faɗa ba.

Dan_Marusa:
Hajiya babu komai, maganarki tana kan hanya. Mu ma ruwan bahon nan saye muke yi idan rani ya yi. Wataƙila ma shi ya sa nake kallonsa haka. Abin da ka sha wuya kafin ka samu, ba ka yi masa kallon banza. Amma na yarda fim ɗin da kike faɗa ya kamata a yi shi, sai dai wani aiki ne daban, yana buƙatar a yi hira da mutane, a nemi izininsu.

Yar_KofarSoro:
Me ya sa dole sai ɗaya? Ni da zan yi, jarkokin nan rawaya na cikin kurar mai ga-ruwa zan ɗauka, yadda ruwan ke tsalle a bakinsu rana na dukansa idan kura ta faɗa rami. Ba fuska, ba magana, amma duk ɗan Katsina da ya gani ya san me ake nufi. Ka ga an haɗa maganar Hajiya da ta Dan_Marusa.

Ummu_Sadiq:
Wannan kam zan kalla.

Baba_Majigi:
Yara, ku bari tsoho shi ce wani abu. Mu mun ga zamanin da ake zuwa da mota a kafa farin ƙyalle a fili, a haska majigi bayan isha'i. Abin da ba ku sani ba, kafin a fara, da kuma sanda fim ya ƙare a cikin faifansa, akwai wani ɗan lokaci da haske zalla ke kan ƙyallen, da ɗige-ɗige da tsage-tsage suna wucewa, ga ƙwari suna shawagi cikin hasken da ke fitowa daga na'urar, ga ƙura tana tashi a ciki. Mu yaran gaba, wanga lokaci muna son shi ƙwarai, muna ɗaga hannu inuwarmu ta hau ƙyalle. To da na karanta bayanin yaron nan, shi na tuna. Ban ce fim ne ba, ban ce ba fim ba ne. Na dai san ido yana da abincinsa wanda kunne bai sani ba.

Mai_Kyamara_KT:
Baba, Allah ya ƙara lafiya. Abin da ka tuna ɗin nan wasu sun mayar da shi sana'a sukutum. Stan Brakhage a Amurka, a 1963, ya yi Mothlight ba tare da kyamara ba sam. Fukafukan ƙwarin da suka mutu a jikin fitila ya tattara, da ganye da ciyayi, ya manna su a tsakanin tef biyu masu faɗin zaren fim, aka buga, haske ya ratsa su. Bai kai minti 5 ba. Kafin shi, Len Lye a Ingila ya riƙa yin fenti kai tsaye a jikin zaren fim tun 1935. Su a wurinsu fim haske ne da ke motsi cikin lokaci, labari kuwa baƙo ne da ya zo daga baya ya mamaye gida.

Abba_KofarKaura:
"Baƙo ya mamaye gida" ta yi yawa malam. In ba don labari ba wa zai sayi tikiti? Masana'antar Kano tun daga 1990 da labari ta tsaya da ƙafarta, dubban mutane na cin abinci a ciki. Ku faɗa mini mutum ɗaya da ya ciyar da iyali da fim ɗin baho.

Mai_Kyamara_KT:
A nan ka fi ni gaskiya, babu kuɗi a ciki. Shi kansa Steiner da hoton talla yake cin abinci, Brakhage kuma koyarwa ya yi a jami'a. Ni ma bikin aure da suna nake ɗauka. Amma akwai inda ake nuna su. A Oberhausen ta Jamus ana bikin gajerun finafinai tun 1954, kuma irin waɗannan na gwaji suna da babban matsayi a wurin. Sannan ko a aikin biki, wanda ya koyi kallon haske a kan ruwa, hannunsa daban yake idan ya zo ɗaukar leshin amarya a ƙarƙashin fitila.

Almajirin_Gobarau:
Ni ta wani ɓangaren na kalli abin. Da yawa daga cikin abin da iyayenmu ke ƙorafi a kai game da fim, cakuɗuwa ce da rawa da shigar da ba ta dace ba. Wannan kuwa babu ko ɗaya. Ruwa ne da haske, halittu biyu da Alƙur'ani ya yi ta jan hankalinmu a kansu. A Suratul Anbiya an faɗa mana daga ruwa aka yi duk wani abu mai rai, a Suratun Nur kuma an buga misali da fitila a cikin gilashi, da kawalwalniyar da mai ƙishirwa ke zaton ruwa ce, da duffan teku mai zurfi. Ba fatawa nake bayarwa ba, ban kai ba. Ina dai cewa mutumin da ya zauna minti biyar yana duban yadda haske ke wasa a kan ruwa, idan ya yi niyya, tafakkuri yake yi. Shawarata ɗaya, kada ka sa masa kiɗa.

Yar_KofarSoro:
Allah ya gafarta Malam, a kan sauti ina da ja kaɗan. Shiru gaba ɗaya yana da nauyi, musamman a waya, mutum zai zaci lasifikarsa ce ta lalace ya wuce. Ba sai kiɗa ba. Ƙarar ruwa a kan rufin kwano, kukan kwaɗi bayan marka, ƙarar guga idan ta bugi ruwa a cikin rijiya. Waɗannan sun isa.

Dan_Marusa:
A yanzu dai shiru ne, ban sa komai ba. Na gwada ƙarar indararo sai na ga da zarar kunne ya ji, ido ya daina mamaki, mutum ya ce a'a ruwa ne kawai. Ni kuma wannan ɗan lokacin da mai kallo bai gane me yake gani ba, shi na fi so.

Mai_Kyamara_KT:
Wannan gardamar ma tsohuwa ce. Regen shiru aka fara nuna shi, daga baya aka yi masa kiɗa, har Hanns Eisler ya rubuta masa nasa a 1941. Brakhage kuwa yawancin finafinansa ya bar su shiru da gangan.

DanDutsinma:
Ku zo Zobe ku ga ruwa na gaske ku bar baho. Da yamma idan iska ta kwanta, dam ɗin nan yakan koma kamar an zuba narkakken tagulla, ga kwalekwalen masunta suna tsaga shi. Sai dai gaskiya a halin tsaron da ake ciki ba zan ce wa kowa ya ɗauko kyamara ya taho shi kaɗai ba. A nemi ɗan gari, a je da rana, a dawo da wuri.

Kusugu77:
Mu ma muna da dam ɗin Sabke da na Daberam a wajenmu, yankin Daura. Amma ni abin da na daɗe ina tunani shi ne rijiyar Kusugu. Duk wanda ya leƙa ta ya san yadda ruwan ke can ƙasa cikin duhu, da ɗan haske a kansa yana rawa idan guga ta taɓa shi. Kowa ya san labarin, macijin da ya hana ɗiban ruwa sai ranar Juma'a, da zuwan Bayajidda. Da za a ɗauki wannan ruwan kawai, duhu da ɗan hasken, ba a nuna takobi ba, ba a sa wani ya yi shigar Bayajidda ba, ni ina ganin zai fi tsoratarwa kuma ya fi girmama wurin. Sai dai a fara neman izinin masu kula da ita.

Abba_KofarKaura:
Ka ga ni! Kusugu za ta yi aiki ne saboda mai kallo ya riga ya zo da labarin a kansa. Ko ta ina kuka bi, labari kuke komawa.

Hajjo_Daura:
Abba, to randar kakata fa? Wane labari muka zo da shi muna 'yan shekara biyar?

Abba_KofarKaura:
Yaya Hajjo, yanzu ai ga shi kin ba mu labarinta, har na ji kamar ina ɗakin.

Sadiya_UMYU:
Don Allah a ɗan dawo ƙasa, ni gwadawa nake son yi. Duk sanda na ɗauki ruwa da rana sai wurin hasken ya ƙone ya yi fari fat, da daddare kuma hoton yana ta ƙiftawa. Me nake yi ba daidai ba?

Mai_Kyamara_KT:
Ƙanwata, abu uku ne. Wayar tana auna hasken da kanta, tana ganin duhu ya yi yawa sai ta buɗe, ƙyallin ya ƙone. Ki danna yatsa a kan wurin da ya fi haske ki riƙe har ta kulle, sannan ki ja hasken ƙasa. Kada ki ji tsoron baƙi, a irin wannan aikin baƙin ne ke fito da layukan. Ƙiftawar dare kuwa daga wutar lantarki take. Wutarmu tana juyawa sau 50 a sakan, fitilu da yawa suna haske suna dusashewa sau 100 a sakan, ido ba ya gani amma kyamara tana kamawa, musamman idan kin sa ɗaukar da ke rage gudu. Ki sa wayar a hoto 25 ko 50 a sakan idan tana da wannan zaɓin, ko ki yi amfani da hasken da ba na lantarkin gida ba. Fitilar ƙwai ko kyandir a gefen kwano yana ba da launi mai daɗi ƙwarai.

Rage gudun kuma ki bar shi sai da rana. Idan kin ɗauka a hoto 240 a sakan kika kalla a 30, komai zai yi jinkiri sau 8, ɗigo ɗaya sai ki ga ya faɗa ya tashi kamar rawani. Kuma ki jingina wayar da dutse ko bulo, ruwan ne zai motsa ba hannunki ba.

MalamFizis:
Ƙari kaɗan. Idan kina da tabarau na rana irin wanda ke kashe ƙyalli, ki riƙe shi a gaban kyamarar kina juya shi a hankali. Za ki ga fuskar ruwan tana buɗewa ki hango ƙasa, ki ƙara juyawa ta rufe ta koma madubi. Ɗalibaina suna son wannan gwajin fiye da kowanne.

Sadiya_UMYU:
Na gode sosai. Gobe da hantsi zan gwada da kwanon sha na silba.

Yar_KofarSoro:
Wai ma me za mu kira irin wannan da Hausa? "Fim ɗin gwaji" yana sa mutum ya zaci ba a gama ba ne, irin abin da abokan Dan_Marusa suka ce.

Hajjo_Daura:
Ni zayyanar haske zan ce.

Baba_Majigi:
Majigi dai. Sunan yana nan bai mutu ba, ku ne kuka ajiye shi.

Abba_KofarKaura:
Idan zayyanar haske kuka kira shi ba ni da ja ko kaɗan. Kalmar fim ɗin ce dai har yanzu ban sake ta ba. Dan_Marusa, turo mini shi ta WhatsApp in kalla da kaina, don gaskiya duk gardamar nan da nake yi ban gan shi ba.

Dan_Marusa:
Zan turo, amma da sharaɗi Yaya Abba. Kada ka kalla a majalisa ana hira. Ka bari sai bayan isha'i, ka kashe fitilar ɗaki, ka ƙara hasken wayar, kuma kada ka ja shi gaba. Hajiya Ummu_Sadiq, mai ga-ruwan layinmu ya yarda in bi kurarsa ranar Asabar, jarkokin kawai zan ɗauka kamar yadda Yar_KofarSoro ta ce.

Abba_KofarKaura:
Na karɓi sharaɗin. Minti nawa ka ce ne ma, biyar?